Ranar Makoki a Duniyar Eberron: Bala'in da Ba a San Mai Shi Ba

A ranar 20 ga watan Olarune na shekarar 994, bisa kalandar wata duniya ta ƙirƙira mai suna Eberron, wani hazo mai launin toka ya taso a ƙasar Cyre, ya bazu har ya lulluɓe ta daga wannan iyaka zuwa waccan, kuma kafin rana ta faɗi mutum fiye da miliyan guda sun rasa rayukansu. Manoma da maƙera, sarauniya da fadawanta, sojojin ƙasar da sojojin abokan gaba da suka shigo yaƙarta, duk hazon bai tantance kowa ba. Waɗanda suka rage a duniyar suna kiran wannan rana Ranar Makoki, ƙasar da ta saura a cikin hazon kuwa suna kiranta Ƙasar Makoki.

Eberron duniya ce da Keith Baker ya tsara domin wasan labari na Dungeons & Dragons, wasan da mutum ɗaya ke jagorantar labari sauran 'yan wasa kuma suna taka rawar jarumansa, bayan ya yi nasara a gasar da kamfanin Wizards of the Coast ya shirya a 2002, aka kuma buga littafinta na farko a 2004. Labaran ƙirƙira cike suke da biranen da suka nutse da daulolin da wuta ta cinye, amma wannan bala'i ya bambanta da su ta wata fuska wadda ita ce ta sa na ga ya cancanci sharhi: babu wanda ya san abin da ya haddasa shi, kuma wannan rashin sani shi ne ke juya duk abin da ya biyo baya, tun daga sulhun da sarakuna suka ƙulla har zuwa halin da 'yan gudun hijira suka tsinci kansu.

Kafin a fahimci girman abin, sai an san matsayin sihiri a wannan duniya. A yawancin tatsuniyoyi sihiri ɓoyayyen abu ne da wani tsoho ke yi a cikin kogo, amma a nahiyar Khorvaire, inda labarin yake, sihiri sana'a ce kamar ƙira ko saƙa. Da shi ake haska tituna da dare, da shi ake aika saƙo daga gari zuwa gari, da shi ake tafiyar da jirgin ƙasa na walƙiya wanda ya haɗa manyan birane. Akwai wasu manyan gidaje da suka gaji wata baiwa ta sihiri a jininsu, kowane gida ya kama wani fanni ya mallake shi: gidan Orien na da sufurin ƙasa, gidan Cannith kuma na da ƙere-ƙere. Saboda haka idan aka ce sihiri ya hallaka ƙasa guda, ma'anarsa ita ce abin da kowa ya dogara da shi wajen rayuwar yau da kullum, wanda ke cikin fitilar ɗakinsa da motar da yake hawa, shi ne ake zargi da kisan mutum miliyan. Ba abu ne da za a ce a guje masa a huta ba.

Bala'in ya faɗo ne a ƙarshen wani yaƙi da ya ɗauki shekara ɗari ana gwabzawa. Masarautar Galifar ta haɗa ƙasashe biyar a ƙarƙashin gadon sarauta guda, wato Aundair, Breland, Cyre, Karrnath da Thrane. Da Sarki Jarot ya rasu a 894, gadon ya kamata ya koma hannun 'yarsa Mishann mai mulkin Cyre, sai uku daga cikin 'yan'uwanta, masu riƙe da Thrane da Karrnath da Breland, suka ƙi yi mata mubaya'a. Daga rigimar gado tsakanin 'ya'yan mutum ɗaya aka shiga abin da daga baya aka sa wa suna Yaƙin Ƙarshe. Cyre tana tsakiyar nahiyar, kewaye da masu neman ta, ga shi ta fi shahara da fasaha da zane da kiɗa fiye da yawan mayaƙa, don haka ta dogara da dukiyarta wajen ɗaukar sojojin haya. Wannan dogaro ya zame mata ƙaiƙayi koma kan masheƙiya har sau biyu. A 956 mayaƙan haya na jinsin elf, wasu halittun tatsuniya masu kama da mutane, suka ƙwace kudu maso gabashinta suka kafa ƙasar Valenar, a 969 kuma mayaƙan haya na wani jinsin halittun da ake kira goblin a ƙarƙashin jagoransu Haruuc suka yanke kudancinta suka kafa Darguun. A tsakanin waɗannan shekaru, a 965, gidan Cannith, wanda cibiyarsa ke cikin Cyre, ya fitar da ƙerarrun mayaƙa, wato sojoji da aka gina da itace da ƙarfe da dutse amma suna da hankali da tunani irin na mutum, ana sayar da su ga duk ƙasar da ke da kuɗin saye. Ƙasar da hazo ya cinye a 994 ta riga ta jigata, kuma ta zama wurin da aka fi tara makaman sihiri da masu ƙera su.

Abin da ke cikin hazon ya fi mutuwar kanta tayar da hankali. A filin da aka yi gumurzun ƙarshe tsakanin rundunar Cyre da rundunonin Breland da Thrane, gawarwakin sojoji na nan kwance shekaru bayan faruwar abin, ba su ruɓe ba, ba su kumbura ba, kamar jiya suka faɗi. Mai shiga zai iya durƙusawa ya dubi fuskar wani saurayi da sulkensa a jiki da takobinsa a hannu, ya ga raunin da ke wuyansa bai bushe ba. A bugun farko na labarin an bayyana cewa a wannan ƙasa rauni ba ya warkewa, ko da magani ko da sihirin warkarwa, wato wurin ya hana matacce komawa ƙasa, ya kuma hana rayayye samun sauƙi. Wani yanki ya rikiɗe ya zama tudu na gilashi mai kaifi, wani wurin ƙasa ta tsage ta bar rami mai fitar da haske. Sannan akwai abin da ake kira rayayyen sihiri: tsafin yaƙi da aka jefa a ranar, kamar dunƙulen wuta ko gajimaren guba, wanda maimakon ya ci ya mutu yadda aka saba, sai ya sami rai yana yawo a fili yana neman wanda zai ƙona. A ganina wannan ita ce siffa mafi zurfin ma'ana a cikin labarin duka, domin makami ne da ya rabu da wanda ya harba shi da wanda aka harba wa da dalilin harbin, ya ci gaba da aikinsa shi kaɗai. Duniyarmu ta san irin wannan, domin har yau manoma a arewa maso gabashin Faransa suna tono harsasan igwa na Yaƙin Duniya na Ɗaya waɗanda ba su fashe ba.

Akwai wata alama guda da ke hana mai nazari barci. Hazon ya tsaya ne daidai kan iyakokin Cyre kamar yadda suke a lokacin, bai shiga Breland ko Karrnath ba, bai kuma taɓa Valenar da Darguun ba, duk da cewa a da yankunan Cyre ne. Girgizar ƙasa ba ta san iyaka ba, annoba ba ta tsayawa a shingen kwastan. Bala'in da ya bi layin da sarakuna suka shata a taswira yana nuna kamar akwai niyya a bayansa, ko kuma akwai wani sihiri da aka ɗaure da sunan ƙasar ko gadon sarautarta. Ruwa ba ya tsami banza, kuma daga nan ne zarge-zarge suka fara.

Bayanan da mutanen wannan duniya ke yi sun kasu, kuma abin lura shi ne kowane bayani yana ɗauke da hukuncin da zai biyo baya idan ya tabbata. Wasu na cewa shekara ɗari ta zuba sihirin yaƙi a kan ƙasa guda ce ta kai wani mizani da duniya ba za ta iya ɗauka ba, sai ta fashe. Idan haka ne, to duk ƙasashen da suka yi yaƙin suna da hannu, kuma duk wanda ya sake tayar da yaƙi yana iya janyo wa kansa irin wannan hazo. Wasu na cewa wani makami ne da gidan Cannith ke gwaji a ɓoye ya kuɓuce musu, ko kuma wanda Cyre ta ba da aikinsa domin kare kanta ya juya mata. Idan haka ne, to abu ne da hannu ya ƙera, abin da hannu ya ƙera kuwa wani hannun zai iya sake ƙera shi, ya kuma saita shi kan maƙwabcinsa. Wasu kuma na danganta abin da tsofaffin shaiɗanun da aka ɗaure a ƙarƙashin ƙasa tun farkon zamani, suna cewa jinin da aka zubar ne ya sassauta ɗaurin ɗayansu. Idan haka ne, to sarakuna ba su da iko a kan lamarin ko kaɗan, kuma hazon na iya motsawa gobe. Bayani na farko yana kiran a ajiye makamai, na biyu yana kiran a yi tseren gano sirrin kafin abokin gaba ya riga ka, na uku yana jefa kowa cikin fargabar da siyasa ba ta da maganinta. Tun da ba a san wanne ne gaskiya ba, kowace fada ta zama dole ta yi aiki kamar duka ukun gaskiya ne: tana sa hannu kan sulhu da rana, tana tura 'yan leƙen asiri da masana cikin hazo da dare.

Amfanin sanin musabbabi yana fitowa sarai idan aka kwatanta da bala'o'i biyu na gaske da suka faru a shekara guda. A ranar 26 ga Afrilu 1986 tashar nukiliya ta Chernobyl da ke Ukraine ta fashe, aka kwashe mutanen birnin Pripyat washegari, aka kuma killace yanki mai nisan kilomita 30 daga tashar. A ranar 21 ga Agusta na wannan shekara tafkin Nyos da ke Kamaru ya saki iskar da ta shaƙe mutum fiye da 1,700 a ƙauyukan da ke kewaye, yawancinsu cikin dare. A duka wuraren biyu an yi jita-jita da farko, amma bincike ya kai ga dalili, dalilin kuma ya kai ga mataki: a Nyos an fara sa bututun fitar da iskar daga ƙarƙashin tafkin a 2001, a Chernobyl an tura sabon rufin ƙarfe kan tashar a 2016. Sanin dalili bai dawo da ko mutum ɗaya ba, amma ya ba masu rai abin yi, ya nuna inda haɗarin ya tsaya, ya kuma nuna wanda za a tuhuma idan akwai shi. Mutanen Cyre ba su sami ko ɗaya daga cikin waɗannan ba.

Shekara biyu bayan Ranar Makoki, a 996, aka sa hannu kan Yarjejeniyar Thronehold wadda ta kawo ƙarshen yaƙin. Ba wanda ya ci yaƙin, ba kuma wanda ya janye iƙirarinsa a zuciya. Abin da ya faru shi ne kowa ya ga gemun ɗan'uwansa ya kama da wuta, ya shafa wa nasa ruwa. Sulhun da tsoro ya haifa yana da wani rauni na musamman, domin ƙarfinsa daidai yake da ƙarfin tsoron, tsoro kuwa yana dusashewa da shekaru. Fiye da haka, ranar da wata ƙasa ta gano musabbabin, ta tabbatar cewa yaƙi ba zai sake janyo hazo ba, ko kuma ta gano yadda za ta sarrafa shi, to ranar ce dalilin zaman lafiyar ya ƙare. Wannan shi ne abin da ya fi ɗaure kai a tsarin labarin: amsar da 'yan gudun hijira ke nema ruwa a jallo domin su sami natsuwa, ita ce amsar da za ta iya mayar da nahiyar cikin yaƙi. Mai karatu zai tuna da halin da duniya ta shiga bayan 6 da 9 ga Agusta 1945, lokacin da bama-baman nukiliya biyu suka rusa biranen Hiroshima da Nagasaki na Japan, sai dai a can an san wanda ya jefa da abin da aka jefa, a nan kuwa kowa na kallon kowa.

Yarjejeniyar ta amince da ƙasashe goma sha biyu, kuma Cyre ba ta cikinsu. Hujjar ita ce ƙasar da ba ta da ƙasa ba ta da kujera a teburin sulhu. Abin da ya ƙara wa ciwon gishiri shi ne Valenar da Darguun, waɗanda sojojin hayar da Cyre ta biya da kuɗinta suka yanka daga jikinta, suna cikin waɗanda aka amince da su. Wato yankunan Cyre guda biyu da hazo bai ci ba, waɗanda da za su iya zama mafaka ga waɗanda suka tsira, an halatta su ga waɗanda suka ƙwace su. Ina ganin a nan ne labarin ya fi nuna sanin halin siyasa, domin ba mugunta ce ta fili ta sa aka yi haka ba. Waɗanda ke riƙe da makami a ƙasa su ake buƙatar sa hannunsu, waɗanda ba su da komai sai ƙorafi kuwa ana iya jinkirta maganarsu har abada.

Su wane ne suka tsira? Galibi waɗanda ba sa gida a ranar: sojojin da ke yaƙi a ƙasar abokan gaba, fatake, jakadu, da mazauna bakin iyaka da suka ga hazon na tahowa suka ruga a guje. A ɗauki misalin soja guda da aka girke a wani sansani a hayin iyaka. Da safe yana da sarauniya da yake yi wa biyayya, da albashin da yake jira, da mata da 'ya'ya a wani gari mai tafiyar kwana uku. Da yamma yana tsaye yana kallon bango na hazo a inda hanyar gida take, kuma mutanen da ya kwana yana harbi su ne kaɗai za su iya ba shi ruwan sha. Sarki Boranel na Breland ya ba irin waɗannan mutane fili a gabashin ƙasarsa, inda suka kafa garin Sabuwar Cyre a ƙarƙashin Yarima Oargev, wanda ya tsira saboda yana aikin jakadanci a Breland lokacin da abin ya faru. Wasu sun cunkushe a wata unguwa ta birnin Sharn da ke Breland, wasu sun nausa gabas zuwa ƙasar Q'barra. Duk inda suka je ana yi musu kallon mutanen da wataƙila su suka janyo wa kansu, ko kuma suna ɗauke da wani abu na hazon a jikinsu. Wannan ma ba baƙon abu ba ne, domin waɗanda suka tsira daga bam ɗin nukiliya a Japan sun sha wariya wajen aure da neman aiki saboda tsoron abin da ke jininsu. Bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya sai da aka ƙirƙiro fasfon Nansen a 1922 domin mutanen da ƙasarsu ta daina amsa sunansu. A Khorvaire ba wanda ya yi wa mutanen Cyre ko da wannan.

Sunan da aka ba ranar ma yana da nauyi. Makoki abu ne mai farko da ƙarshe: a binne mamaci, a zauna a karɓi gaisuwa, a share hawaye, a raba gado, rayuwa ta ci gaba. Mutanen Cyre ba su binne kowa ba. Sun san iyayensu da 'ya'yansu na nan kwance a ɗakunansu da gonakinsu yadda suka faɗi, ba su canja kama ba, kuma tsakaninsu da su akwai hazon da mai shigarsa ba shi da tabbacin fitowa. Ba kabarin da za a ziyarta, ba mai laifin da za a yafe wa ko a nemi diyya a hannunsa. Gawar da ba ta ruɓewa ita ce hoton baƙin cikin da ba ya tsufa, kuma ina ganin da gangan aka haɗa su.

Ƙerarrun mayaƙa su ne ɗaya ɓangaren da bala'in ya sauya wa rayuwa. Yarjejeniyar Thronehold ta 'yanta su, ta ce su mutane ne ba kaya ba, amma a lokaci guda ta ba da umarnin rufe maƙerun da ake ƙera su, wato an ba su 'yanci an kuma hana su zuriya. Ba sa ci, ba sa barci, ba sa numfashi, kuma idan sun lalace gyara ake yi musu ba jinya ba, saboda haka ƙasar da ke kashe ɗan Adam ita ce wurin da suka fi kowa iya zama. Wani daga cikinsu da ake yi wa laƙabi da Ubangidan Takubba ya shiga Ƙasar Makoki yana tara mabiya, yana wa'azin cewa zamanin masu tsoka da jini ya wuce. Yanzu ƙasa guda tana da masu iƙirari biyu: waɗanda aka haifa a cikinta amma ba za su iya komawa ba, da waɗanda aka ƙera a cikinta domin su mutu a madadin wasu, kuma ba su da wani wuri da za su kira nasu. Da wuya mai adalci ya ce ɗayansu ba shi da hujja.

Ta fuskar tattalin arziki, layukan jirgin walƙiya da suka ratsa Cyre sun yanke, gabas da yamma suka yi nisa da juna. Gidan Cannith ya rasa shugabansa Starrin a ranar, ya dare gida uku a ƙarƙashin Merrix da Jorlanna da Zorlan, kowanne ya jingina da wata ƙasa, kuma labarin ya nuna cewa Merrix na ci gaba da tafiyar da maƙera a ɓoye a ƙarƙashin birnin Sharn duk da haramcin. A bakin hazon kuma wata sabuwar sana'a ta kunno kai, ta masu shiga su kwaso dukiya da makaman da aka bari su sayar.

A nan ne nake da damuwa da yadda ake amfani da labarin. Masu tsara duniyar sun bayyana cewa ba za su taɓa fitar da amsa guda a hukumance ba, sun bar wa kowane mai jagorantar wasa ya zaɓi musabbabin da ya dace da labarinsa. Na yarda da wannan shawara, domin da an faɗi amsar da duk gine-ginen da na bayyana a sama sun rushe, bala'in ya koma laifin mugu guda da za a kashe a huta. Amma tana da haɗari, domin wasa na buƙatar wurin da jarumai za su shiga neman taska, kuma abu ne mai sauƙi Ƙasar Makoki ta koma kangon da ake shiga domin ganima kawai, a manta cewa kowane zobe da aka ciro daga can an zare shi ne daga yatsan wani wanda ɗansa ke zaune a tanti a Sabuwar Cyre. Idan mai ba da labari ya bar wannan ya kuɓuce masa, ya yi wa mutanen Cyre abin da masu sulhun Thronehold suka yi musu.

Labarin yana farawa ne a 998, shekara huɗu bayan hazon, biyu bayan sulhu. Yarima Oargev na ci gaba da tura mutane cikin Ƙasar Makoki domin su binciko abin da ya faru, su kuma kwaso abin da ya rage na kayan tarihin ƙasarsa, yana mulkin jama'ar da ke zaune a filin aro. Sarki Boranel da ya ba su filin ya tsufa, a cikin Breland kuma akwai masu ganin bai kamata sarautar ta wuce shi ba, kuma babu wata takarda a Thronehold da ta tilasta wa wanda zai gaje shi ya riƙe alƙawarin da ya yi wa baƙinsa.